Ga 'yar'uwar da ta yi tambaya kan kumburin ciki da taurin bayan gida

Wa alaikumus salam 'yar'uwa, Allah ya ƙara sauƙi. Kin ce tun da aure ya kawo ki Garwa cikinki yake kumbura, sai ki yi kwana uku ba ki zaga ba, kuma maƙwabciyarki ta ce ki sayi kafson firobayotik (mai ɗauke da ƙwayoyi masu rai) a famasi, wai ƙwayoyin hanjinki ne suka mutu. Na daɗe ina aikin jinya a ƙananan asibitocin karkara ta wajen Marwa kafin in dawo birni, wannan kukan kuwa na ji shi ba adadi. Kada ki yi saurin fitar da kuɗinki, ki fara leƙa tukunyarki tukuna.

Zancen ƙwayoyin ba ƙarya ba ne. Masana sun ƙiyasta akwai bakteriya wajen tiriliyan 38 a jikin baligi, kusan dukkansu a babban hanji, kuma yawancinsu aiki suke yi mana. Abincinsu shi ne abin da cikinmu ya kasa narkarwa: dusar hatsi, ɓawon wake, jijiyar ganye, yauƙin kuɓewa, abin da likitoci ke kira faiba. In sun ci sai su fitar da wasu sinadarai, cikinsu har da butiret, wanda da shi bangon hanjin yake rayuwa. Faibar kuma tana riƙe ruwa, bayan gida ya yi laushi. Kiwo ne kike yi a cikinki, abin da kika zuba a komi shi zai nuna waɗanda za su yi ƙiba da waɗanda za su rame.

A 2010 an buga wani bincike da ya gwada yaran ƙauyen Bulpon a Burkina Faso da yaran birnin Filorans na Italiya. Yaran Burkina gero da dawa da wake da ganye suke ci, irin cimarmu sak. An tarar hanjinsu ya fi yawan ire-iren ƙwayoyi, musamman wata Firebotela mai iya sarrafa dusa, kuma sinadaran nan masu amfani sun fi yawa a bayan gidansu. A 2015 kuma aka yi musayar abinci tsakanin baƙaƙen Amurka 20 da mutanen karkarar Afirka ta Kudu 20. Cikin mako biyu kacal butiret ya ƙaru a hanjin Amurkawan, alamun haɗarin kansar hanji suka ragu, su kuwa mutanen ƙauyen da aka ɗora wa nama da maiƙo nasu ya juya baya. Mako biyu fa! Ashe lalacewar ba ta da wuya, gyaran ma haka.

Yanzu ki tuna me kike ci a gida, me kike ci a nan. A ƙauyukan da na yi aiki tuwon masakwa ne da miyar kuka ko lalo ko yakuwa ko tafasa, ga fura da nono, yara suna yini suna gaigayar goruba da magarya da aya. Da wuya a kawo mini mai taurin bayan gida, gudawa da tsutsar ciki ne matsalarsu (kada wani ya ce na ce ƙauye aljanna ce). A birni kuwa da safe burodi da shayi, da rana farar shinkafa, da dare taliya, a kora da lemun kwalba. Ko tuwon ma sai an surfe hatsin tas, a ba tumaki dusar. Tumakin nan sun fi mu morewa.

Ga abin da na ga yana aiki. Ki rage surfe, ko ki haɗa tsabar da ba a surfa ba a kai niƙa. Ki mayar da wake da gurjiya cikin girkinki, ɗanwake ko alale ko shinkafa da wake, kuma kullum a samu miyar ganye ko kwaɗon zogale. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce baligi ya samu aƙalla giram 25 na faiba da giram 400 na ganye da 'ya'yan itace a yini. Amma a hankali za ki shiga. Na ga matan da suka dira kan wake dare ɗaya, iska ta cika su, suka ce shawarar ce ta cuce su. Ki ƙara kaɗan-kaɗan cikin makonni, ki riƙa shan ruwa sosai, kin san zafin Garwa a watan Maris da Afrilu. Ɗumame ma ba abin rainawa ba ne: sitacin da ya huce ya kwana, wani sashensa yana wucewa har babban hanji ya zama abincin ƙwayoyin. A dai ɗumama shi ya yi zafi sosai.

Kindirmo da nono mai tsami suna ɗauke da ƙwayoyi masu rai. Daddawa da kamu kuwa, da sun tafasa yawancin nasu sun mutu, sai dai daɗi da sauran amfani. Sharaɗin nono ɗaya ne, a tabbata an dafa madarar kafin a kwantar da ita, domin ɗanyar madara tana iya kawo tarin fuka da zazzaɓin burusela. Kafson firobayotik yana da ranarsa in likita ya rubuta, amma ƙwayoyinsa ba kasafai suke zama a hanji ba bayan an daina sha.

Abin da ya fi ɓata mini rai shi ne Flagyl da amoksisilin, magungunan kashe bakteriya da ake saye a tebur da zarar ciki ya murɗa. Ba sa bambanta mugu da nagari, shara suke yi, kuma hanji kan ɗauki makonni ko watanni kafin ya farfaɗo. In kina sha ba da takardar likita ba, ki bari.

In kuwa kin ga jini ko baƙin bayan gida, ko kina ramewa ba dalili, ko amai da ciwon da ba ya lafawa, to wannan ya wuce zancen tukunya, ki je asibiti a duba ki. Sannan ba ki faɗa mana ko kina da juna biyu ba. Juna biyun da kansa yana kawo taurin bayan gida, haka ma ƙwayar ƙarin jini da ake bayarwa wajen awo. In haka ne kada ki daina shanta, ki gaya wa ungozomarki.