Tsakanin wa da ƙane: wane ne ƙashin bayan Brecker Brothers?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina koyon busa saksofon, kuma duk wanda na tambaya sai ya ce in saurari Michael Brecker. Da na bincika sai na ga yana da ƙungiya tare da wansa. Shin wan nasa raɓewa kawai ya yi a inuwar ƙanensa? Kuma da wane faifai zan fara?

Amsa: Wa'alaikumus salam ɗan'uwa. Wanda ya tura ka wajen Michael bai cuce ka ba. Amma zancen raɓewa a inuwa, wannan kam ban yarda da shi ba, kuma ina jin zafinsa duk lokacin da aka faɗa.

'Yan Filadelfiya ne a Amurka. An haifi Randy, mai busa tirampet, a 1945, Michael kuma a 1949. Mahaifinsu lauya ne mai kaɗa fiyano, don haka da kiɗa suka buɗe ido. Randy ne ya fara shiga birnin New York, ya yi busa a faifan farko na ƙungiyar Blood, Sweat & Tears a 1968, sannan ya koma wajen makaɗin fiyano Horace Silver. Ƙanen ya biyo sawunsa, suka haɗu a ƙungiyar Dreams tare da makaɗin ganga Billy Cobham.

Abin da da yawa ba su sani ba shi ne, faifan 1975 da ya fito da sunan Brecker Brothers a kamfanin Arista, asalinsa na Randy ne shi kaɗai. Shi ya tsara galibin kiɗan ciki, mutanen kamfani ne suka nemi a sa sunan 'yan'uwan biyu, shi kuma ya amince. Ka saurari kiɗan Some Skunk Funk da ke cikin faifan da kunnen basira. A ƙasa ganga da jitar bas suna ta dukan rawa irin na fank, wanda ko yaro zai iya bi da ƙafa. A sama kuwa masu busa uku, Randy da Michael da David Sanborn, sun kama layi ɗaya mai gudu da karkace-karkace, kamar zai kauce hanya, sai ka ji sun sauka tare daram. Wannan haɗi na kiɗan rawa da zurfin jaz shi ne tambarin ƙungiyar, kuma daga alƙalamin Randy ya fito. Har na'urar sauya sauti irin ta masu jita yake jona wa tirampet ɗinsa, ya riƙa taka ta da ƙafa, busar ta fito kamar mutum na magana.

Michael kuwa shi ne wutar. Ya sha daga rijiyar gwanin saksofon John Coltrane, kuma idan aka sakar masa fili babu mai tsayawa gabansa. Faifan Heavy Metal Be-Bop na 1978 ya isa shaida.

Sun fitar da faifai 6 zuwa 1981, suna kuma riƙe da gidan kiɗa mai suna Seventh Avenue South a unguwar Manhattan ta New York, ban da busar da suke yi wa manyan mawaƙa a situdiyo. Daga nan kowa ya kama gabansa. Michael ya yi aiki da ƙungiyar Steps Ahead, bai fitar da faifan kansa ba sai 1987.

'Yan'uwan sun dawo tare a 1992, kuma wannan zangon ya fi burge ni. Michael ya yi yawon wasanni da mawaƙi Paul Simon cikin makaɗan Afirka, abin ya shiga jikinsa. Armand Sabal-Lecco, ɗan Kamaru mai kaɗa bas, ya yi aiki da su, kuma kiɗan African Skies da Michael ya tsara a faifan Out of the Loop na 1994 ya ci lambar Grammy. A nan ƙanen ya zama mai tsara kiɗa kafaɗa da kafaɗa da wansa.

A 2005 aka gano cutar ɓargo a jikin Michael, wadda ta rikiɗe ta zama sankarar jini. An yi ta neman wanda ɓargonsa ya dace da nasa, dubban mutane suka ba da sunayensu. Yana cikin jinya ya daure ya naɗi faifansa na ƙarshe, Pilgrimage, ya rasu ranar 13 ga Janairun 2007 yana da shekara 57. Randy ya sake tara tsofaffin abokan aikin daga baya, matarsa Ada Rovatti ce ta riƙe saksofon.

To ka fara da faifan 1975. Kada ka yi gaggawar kwaikwayon gudun yatsun Michael, ba za ka cim masa a wata guda ba. Ɗauki layin da masu busa ukun suke bi tare, ka rage saurinsa a wayarka, ka busa shi a hankali har numfashinka ya riƙa yankewa daidai inda nasu yake yankewa. Bayan haka sai ka wuce Out of the Loop.