Jarumin da yake ganin matattu: amsa ga mai tambaya

Wa'alaikumus salam 'yar'uwa. Kin ce kina rubuta labarin wani saurayi a cikin birnin Kano da yake ganin waɗanda suka rasu alhali ba ya so, kin maƙale a babi na uku, ga tsoron kada a ce kin taɓa aƙida.

Tsoron nan naki yana kan hanya. Mai karatu a Kano ya san Suratul Muminun, aya ta 99 da ta 100, inda wanda mutuwa ta zo masa yake roƙon a mayar da shi duniya, aka ce a'a, akwai barzahu har ranar tashi. Kika sa mamaci ya baro kabari yana yawo a kasuwar Kurmi, kafin shafi na biyar an rufe ki da faɗa. Don haka ki fara yanke wa kanki hukuncin abin da yaron yake gani. Ko dai mafarki ne, wanda ba mai musa miki, ko aljani ne yake aron kamannin mamaci, ko ki bar shi a fatalwa kamar yadda ake faɗa a gari, sai can gaba ki warware. Na biyun ya fi ba ki fili, domin aljani yana ƙarya. Kin ga ke nan duk saƙon da aka ba jarumin sai ya bincika, kuma binciken shi ne zai ja miki labarin.

Daga nan ki kafa wa ganin doka, ki rubuta a gefe. Misali ba ya ganinsu sai tsakanin magariba da isha, sai wanda bai cika arba'in da rasuwa ba, ba sa magana sai nuni, shi kuma duk ranar da ya gani sai ya kwana da zazzaɓi. Yawancin irin waɗannan labaran a nan suke faɗuwa. Marubuci ya bar baiwar ba iyaka, ko ya karya dokarsa don ya fitar da jarumi daga matsala, nan take tsoron ya zube.

Batun rashin so kuwa, cewa "ba na so" kawai ba ta isa ba, ki nuna abin da zai rasa. Yaron da ya ce ya ga mamaci, gida za su fara da tofi da rubutu, a kira mai ruƙiyya, wani kawu ya ce a kai shi asibitin masu taɓin hankali na Dawanau, 'yan unguwa su fara raɗe-raɗin maita, iyayen yarinyar da yake nema su dawo da kaya. Ki sa ya yi ta gudu har kusan kashi ɗaya cikin uku na littafin, sannan abin ya taɓa na jikinsa.

Me mamatan suke nema? Ki guji ɗaukar fansa, ta gundure mutane. Bashi ya fi ƙarfi a wurinmu, shi ya sa ake shela a wajen jana'iza cewa mai bin mamaci ya yi magana. Ga amanar da ba a mayar ba, ga gidan marayu a Ƙofar Mazugal da baffa ya danne.

Ki kula da jana'izar kanta, don a nan masu karatu suke kama marubuci. Ba ma ajiye gawa, wanda ya rasu da dare yawanci da safe an kai shi. Sallar kabbara huɗu ce a tsaye, ba ruku'u ba sujada. A makara ake ɗauka, a kwantar da shi ta gefen dama yana fuskantar alƙibla, a jera itace ko fasassun tukwane, a toshe da laka kafin a tura ƙasa. Tunda mata ba sa raka gawa, ki zauna da wani dattijo da ya saba zuwa maƙabartar Dandolo ya ba ki yadda abin yake. Takaba wata 4 da kwana 10 ce, ki lissafa ta cikin kwanakin labarin.

In littafi za ki buga ba a waya kaɗai za ki saki ba, ki tuntuɓi Hukumar Tace Fina-finai da Ɗab'i ta jiha tun kafin ki kai maɗaba'a.