Amsa: Shin gaskiya ne Geoff Hurst ya taɓa buga wasan kurket?

Malam, tambayar da ka yi ko ɗan ƙwallon nan na Ingila ya taɓa zama ɗan kurket, amsarta ita ce e, sai dai zamansa a wannan fage bai yi tsawo ba. Wasa ɗaya tak ya buga wa ƙungiyar gundumar Essex a babban mataki, a shekarar 1962, lokacin da suka kara da Lancashire a filin Aigburth da ke birnin Liverpool, kuma sau biyu ya shiga fili da sandar bugu bai samu maki ko ɗaya ba. A karon farko abokan karawa ba su fitar da shi daga bugu ba, a na biyu kuwa suka fitar da shi.

Galibin wasanninsa a rukuni na biyu na ƙungiyar ya buga su, yana tsayawa bayan mai bugu yana cafke ƙwallo, kafin daga bisani ya mayar da hankali kacokan kan ƙwallon ƙafa a ƙungiyar West Ham. A ganina bai yi asara ba, domin a 1966 shi ne ya zura ƙwallo uku a ragar Jamus ta Yamma a wasan ƙarshe na Kofin Duniya a Wembley.