Amsa ga 'yar'uwar da koren wakenta ya caɓe a kasko

Assalamu alaikum wa rahmatullah. 'Yar'uwa, tun da hantsi na ga tambayarki, inda kika ce maigida ya zo miki da koren waken nan mai faɗi daga Yaunde, wanda masu tebur suke kira manj-tu, kin soya shi da tattasai domin ki ajiye a gefen shinkafa, amma ya saki ruwa, ya yi laushi tuɓus, launinsa ya mutu, har kika ji nauyin fito da shi gaban mutane, kuma kina neman hanyar da za a yi shi cikin sauri ba tare da ya lalace ba. Wallahi da na karanta sai da na ajiye wayar na yi shiru, domin abin da ya same ki ya taɓa samuna, kuma har yau idan na ga waken nan a kasuwa sai ranar ta dawo mini sabuwa fil.

Kafin komai, ki sani ba rashin iya girki ba ne ya jawo miki. Hannunmu ya saba da miyar da ake barin ta a wuta ta yi ta ɓararraka har mai ya taso, ya saba da waken da sai an jiƙa shi an sa masa kanwa kafin ya saduda, saboda haka idan muka ga abu kore a tukunya zuciyarmu ba ta kwanciya sai mun rufe shi mun ba shi lokaci. Wannan waken kuwa rufi da daɗewa su ne ajalinsa.

Ni lokacin ina amarya, wata na huɗu ke nan da tarewa a nan Garwa, arewacin Kamaru, a babban gidansu maigida. Wani abokin aikinsa ya taho daga Bafusam ya kawo mana tsarabar kayan lambu, har da waken nan cike da leda, aka kuma yi dace a ranar dangin surukata sun iso daga Njamena, girki kuma a hannuna yake. Na taɓa cin sa a gidan gwaggona a Ngaundare, na kuma tsaya na ga yadda ta yi shi, don haka na shiga kicin da ƙarfin gwiwa. Na gyara shi, na yanka tattasai ja da kore, na soya sama-sama, ya fito kore shar yana ƙyalli, ina shirin saukewa ke nan sai ga facalata, matar yayan maigida, ta leƙo. Ta kalli kaskon ta ce wannan ai ɗanye ne, ta ce a gidan nan ba a saba ba wa baƙi ciyawa ba, idan kuma cikin wani ya ɓaci ni zan amsa. Na ce mata Yaya, haka ake cin sa. Ba ta ko dube ni ba, ta ɗebo ruwa a moɗa ta zuba, ta jefa ɗan gutsuren kanwa, ta ɗauko murfin tukunya ta kife a kai, ta ce in bar shi har sai ta dawo. Ina tsaye ina jin yana tafasa, na san yana lalacewa, amma ban iya ɗaga murfin nan ba, saboda ta girme ni, ta riga ni shiga gidan da shekaru, kuma an yi mini huɗuba tun daga gida cewa kada in kuskura in yi musu da manya.

Bayan ta dawo ta sa aka juye shi a kula aka rufe, baƙin kuma ba su zauna cin abinci ba sai bayan la'asar. Da surukata ta buɗe kular a gaban mata sun fi goma, abin da ke ciki ya zama wani malmala mai yauƙi, tattasan ya narke ya bar fatarsa tana yawo, ga wani ɗanɗano kamar na sabulu. Hajiya ta tambaya ko mene ne wannan. Kafin in buɗe baki facalata ta ce ai girkin amarya ne, irin na 'yan boko, ita ma ta yi iya ƙoƙarinta ta gyara amma abin ya fi ƙarfinta. Aka yi dariya, wata daga cikin baƙin ta ture farantin gefe da bayan hannu. Ni ce na ɗauke kular da hannuna na kai bayan gida na zubar, na tsaya a wurin ina kuka cikin zafin watan Afrilu, zafin Garwa da ke haura digiri 40, ba wanda ya biyo ni. Abin da ya fi ci mini rai shi ne ta san ita ta zuba ruwan, ita ta sa kanwar, amma ta dubi idona ta faɗi haka, kuma har yau da muke zaune lafiya, 'ya'yanmu suna wasa tare, ba ta taɓa cewa in yi haƙuri ba. Kusan shekara guda ana kirana da mai miyar ciyawa a gidan nan, har yara suka ɗauka. Na yafe mata saboda Allah, amma ban manta ba.

Wadda ta dawo mini da ƙarfin gwiwa wata dattijuwa ce mai sayar da kayan lambu a kasuwa, mutuniyar yammacin ƙasar nan, wajen Fumbot, inda yawancin irin waɗannan kaya suke fitowa. Ita ta gaya mini cewa sunan nan manj-tu da Faransanci ma'anarsa a ci duka, wato ba a ɓare shi, ɓawon shi ne abincin, 'ya'yan cikin kuwa ƙanana ne ba su gama ƙosawa ba. Ta karya guda ta ba ni na tauna ɗanye, na ji zaƙi-zaƙi da garas-garas, ta ce to wuta ba ta da wani aiki a kansa illa ta kashe gafin nan ta ɗumama shi.

Ki fara duba abin da aka kawo miki. Waken nan ɗan ƙasar sanyi ne, ba ya jure zafinmu, shi ya sa ba kasafai za ki gan shi a lambunan bakin kogin Binuwai ba, daga tsaunukan yamma yake tahowa, kuma kafin ya ratso ta Ngaundare ya iso gare mu ya kwana a hanya. Idan kika lanƙwasa guda ya karye ƙas, sabo ne. Idan ya lanƙwashe kamar roba ya yi yaushi, sai ki jiƙa shi a ruwa mai sanyi kamar minti 15 ya farfaɗo. Wanda 'ya'yansa suka kumbura suka fito ɓaro-ɓaro ya tsufa, zai yi miki tauri da zare a baki, ki ware shi ki jefa a miya. Kada kuma ki ajiye shi ya wuce kwana biyu ko uku ko da a firji ne, balle da wannan ɗauke wutar da muke fama da ita, domin zaƙinsa yana gudu kullum.

Sai ki tsinke kan kowane ɗaya ki ja zaren da ke gefensa har ƙasa. Wannan shi ne aikin da ya fi cin lokaci, ni 'yata nake zaunarwa ta taya ni. Bayan kin wanke, don Allah ki tsane shi a kwando sannan ki goge da tsumma mai tsabta har ya bushe. Ina kyautata zaton a nan kika fara samun matsala, domin jiƙaƙƙen wake idan ya shiga mai sai ya kashe zafin kaskon, maimakon suya sai ya koma dahuwa a cikin ruwan jikinsa.

Ga yadda nake yi wa mutum huɗu. Wake kamar giram 250, tattasai mai kauri guda biyu, ja da kore, a cire 'ya'yan a yanka a tsaye daidai faɗin waken, rabin albasa, tafarnuwa ƙwaya uku, ɗanyar citta kaɗan, da mai cokali biyu, na gyaɗa ko na auduga, duk suna jure wuta. Komai ya zama a yanke yana kusa da hannunki kafin ki ɗora kasko, saboda da zarar an fara babu damar juyawa neman wuƙa. Kasko mafi faɗi da kike da shi za ki ɗauka, wuta kuma ta yi ƙarfi sosai. Idan gawayi ne ki bari ya ruru ya yi jawur, kada ki ɗora a kan wanda ya fara mutuwa bayan kin sauke shinkafa, wannan kuskuren na sha yin sa. Idan mai ya yi zafi ki zuba albasa da tattasai ki yi ta juyawa minti 2, sai wake ya biyo baya shi ma minti 2 zuwa 3, hannunki kada ya tsaya. Tafarnuwa da citta a minti na ƙarshe nake sa su, domin idan suka riga shiga irin wannan wuta ƙonewa suke yi su bar ɗaci. Gishiri da dunƙule ma sai dab da saukewa, saboda gishiri yana janyo ruwan kayan lambu waje. Gaba ɗaya bai kamata ya wuce minti 6 a wuta ba. Da kin ga koren ya ƙara haske yana sheƙi, ki sauke ki juye a faranti nan take, kada ki bar shi a kaskon, ƙarfen yana ci gaba da dafa shi ko an kashe wuta.

Ban da murfi, ban da ruwa, ban da kanwa. Kanwa tana riƙe launin kore kam, amma tana narkar da jikin ganye, abin da ya sa take mana amfani a kuɓewa ke nan, a nan kuwa ɓarna ce zalla, tana kuma lalata sinadarin bitamin C, alhali waken nan da jan tattasai suna cikin kayan lambu masu yawansa. Tsami kuma shi ne yake kashe launi, don haka idan kin sa tumatir ko lemon tsami tun a wuta, to shi ya mayar miki da shi ruwan kuka. Ki bari sai a faranti ki matsa lemon, lokacin da za a ci. Idan baƙi suna da yawa kada ki cika kasko, ki raba shi kashi biyu ko uku, ya fi miki sauri a kan ki tara shi ya jiƙe.

Idan akwai wanda haƙoransa ba su da ƙarfi a gidan, kamar surukata yanzu, ki jefa waken a tafasasshen ruwa mai gishiri minti 1, ki kwashe ki tsoma a ruwan sanyi, ki tsane sosai, sannan ki soya minti 1 kawai. Ita da kanta take aiko a yi mata shi haka da azumi, a gefen gasasshen kifi. Ni nakan barbaɗa farin masoron da ake nomawa a garin Penja da soyayyen riɗi a kai, mai son yaji kuma ya yanka attaruhu guda a cikin albasar. Ranar da babu manj-tu, koren wake siriri da muke samu kullum yana yi, sai dai shi dole a fara tafasa shi minti 3 zuwa 4 saboda ya fi tauri.

Kuma don Allah kada ki sa shi a kula, ko maigida zai yi dare. Ki gyara komai ki rufe a kwano, idan kin ji sallamarsa sai ki ɗora kasko, kafin ya yi wanka kin gama. Ba ki faɗa mana ko wani ya yi miki magana a kan wancan da ya lalace ba, amma yadda kika rubuta cewa kin ji nauyin fito da shi ya sa na ji a jikina akwai abin da kika haɗiye. Idan da sauran waken a firji, ki ɗebi cikin tafin hannu biyu gobe da rana, lokacin da ba kowa a kanki, ki gwada ke kaɗai da agogo a gabanki, sannan ki dawo nan ki gaya mini yadda ya fito.