Madam na yanke min albashi saboda latti da shoteji, doka ta yarda?

Salamu alaikum lauya. Ina zaune a Aboabo cikin Kumasi, ina aiki a wani shagon kayan shafa a Adum, albashina sidi 1,200 a wata. Watan da ya wuce sidi 524 kawai aka turo min ta momo. Madam ta ce na yi latti sau huɗu, kowanne sidi 20, sannan wai da aka yi lissafin kaya an samu shotejin sidi 900 sai ta raba mana mu uku, kuma adibas ɗin sidi 200 da na karɓa kafin sallah ta cire 230, ragowar kuma wai na SSNIT ne, wato hukumar fanshon ma'aikata. Don Allah ya zan yi, ina tsoron in yi magana a kore ni.

Wa alaikumus salam ƙanwata. Abu huɗu aka haɗa miki a wata guda, kuma ba hukuncinsu ɗaya ba, don haka kar ki je wa madam da cewa duk abin da ta cire haram ne, za ta samu bakin magana.

Dokar da ta shafe ki ita ce Dokar Ƙwadago ta Ghana ta 2003, wadda muke ce wa Act 651. Sashe na 69 ya hana mai aiki cin ma'aikaci tarar kuɗi ko da menene dalilin, babu wani "sai dai" a ciki. To sidi 20 ɗin nan na latti tara ce, ko ta rubuta ta manna a bango, ko duk shagunan Adum da Kejetia haka suke yi, ba ta da hurumi. Tana iya ja miki kunne, ta ba ki takardar gargaɗi, in abin ya yi yawa ma ta bi hanyar sallama, amma ba ta sa hannu a albashinki da sunan horo ba. Sashen ya kuma hana ɗora ruwa a kan adibas, 200 kika karɓa 200 za a cire, 30 ɗin nan taki ce. Kin ga 80 na latti da 30 ɗin nan, 110 ke nan da babu gardama a kansu.

Maganar shoteji ita ce mai ɗan tsawo. Sashe na 70 ya yarda a cire kuɗi saboda ɓatan kaya ko lalacewarsu in kayan suna ƙarƙashin kulawar ma'aikaci, amma da yardarsa, kuma sai an nuna ƙarara cewa shi ne ya jawo asarar, kuɗin da za a cire bai wuce ainihin asarar ba, an ba shi dama ya kare kansa, sannan yadda za a riƙa cirewa ba zai jefa shi da iyalinsa cikin ƙunci ba. Yanzu ki duba naki. An raba 900 gida uku, ai wannan rabon kansa shi ke nuna madam ba ta san wanda ya ɓatar ba, in da ta sani da shi kaɗai za ta kama. Wa ke riƙe da makullin sito? Kina wurin aka ƙirga kayan? An nuna miki littafin? Ɗan madam ko ƙaninta na shiga su ɗauki kaya ba a rubuta ba? Waɗannan tambayoyin su za a yi mata. Kuma sidi 300 lokaci guda daga albashin 1,200, ga kuɗin ɗaki ga na trotro, ni dai a ganina da wuya a ce babu ƙunci a ciki. Ko da kin sa hannu a wata takarda ranar da aka ɗauke ki cewa duk shoteji kanki ne, wannan bai share sharuɗɗan nan ba.

Na SSNIT kuwa doka ce ta ce a cire, kashi 5.5 cikin ɗari daga wajenki, wanda ya kama sidi 66, ita kuma ta ƙara kashi 13 daga aljihunta, ba daga naki ba. Abin lura kawai shi ne ko kuɗin na isa can. Ki ɗauki katinki na Ghana Card ki je ofishinsu ki nemi sitetimen, wato takardar lissafin abin da aka biya miki, don akwai masu aiki da ke cirewa su riƙe, sai tsufa ya zo mutum ya tarar ba komai.

Abin yi, fara tara shaida kafin ki buɗe baki. Saƙonnin momo na watannin baya, duk wani saƙon WhatsApp da ta ambaci latti ko shoteji, hoton takardar bangon in akwai. Sai ki rubuta mata cikin ladabi, ko ta WhatsApp ɗin ma ya yi, ki jera abin da aka cire ki roƙi a mayar miki da 110 ɗin, a kuma zauna da ku kan 300 ɗin. In akwai wani babba da take jin nauyinsa, ku je tare, sau da yawa a nan ake gamawa, kuma dokar ma so take a fara gwada sasantawa.

In ta ƙi, ki rubuta ƙorafi zuwa Hukumar Ƙwadago ta Ƙasa, wato NLC, suna da ofis a nan Kumasi kuma ba dole sai da lauya ba. Za su kira ta su bincika. In rubutun ne matsala, Hukumar Legal Aid na taimaka wa marasa hali.

Batun kora, ba zan ce miki ba za ta iya fusata ba. Amma sashe na 63 ya lissafa korar ma'aikaci don ya kai ƙarar mai aikinsa cikin korar zalunci, NLC na iya sa a mayar da ke ko a biya ki diyya. Shi ya sa nake son ƙorafinki ya zama a rubuce da kwanan wata. Kafin nan ki daina latti, kar ki ba ta wani dalilin da za ta fake da shi, kuma duk takardar da aka miƙo miki kar ki sa hannu sai kin karanta, in da hali ki ɗauki hotonta tukun.