Daba, gambara, da farin kan maƙwabcin maɗaukin kanwa

Wani ɗalibi ya aiko da tambaya mai rassa uku. Ya ce: "Malam, akwai waƙar rap ta wani baƙar fatar Amurka da nake yawan saurare. Mawaƙin yana ba da labarin tasowarsa a unguwar da ƙungiyoyin samari masu bindiga suka raba tituna a tsakaninsu. Baba ya tambaye ni me ake cewa, na ce waƙar 'yan daba ce, sai ya ce in kashe ta. Kalmar daba ta dace kuwa? Me ya sa 'yan jarida ke kiran rap gambara? Wane karin magana ne zai ɗauke ma'anar waƙar?"

Ɗana, ai kai ka jawo wa kanka. Da jin "waƙar 'yan daba", kowane uba zai ɗauka 'yan daban ne ke rera ta suna wasa kansu.

Asalin daba ba ta da alaƙa da laifi. Wuri ne da mafarauta ke taruwa, daga nan ta zama sunan taron kansa. Shi ya sa har yau za ka ji an ce samari sun kafa daba a bakin titi, alhali hira kawai suke yi. Da 'yan siyasa suka riƙa ɗaukar irin waɗannan samari haya, da wuƙa da gora da ƙwaya suka shigo, sai kalmar ta yi baƙin jini, har ta haifi dabanci. Wasu suna cewa wai daga dabba ta fito, wasu kuma daga daɓa wuƙa. Kamar sauti ce kawai ta ruɗe su. Daba, dabba da daɓa kalmomi uku ne daban-daban, kuma mai rubutun da ya yi sakaci da ƙugiyar ɓ shi ke haɗa su faɗa. A Gombe kalare ake cewa, a Bauchi sara-suka, a Katsina ƙauraye, amma ɗan daba ne kowa ke ganewa.

Ta dace da na Amurka? Ta dace, domin ita ma tana ɗauke da wuri da iyaka da shugaba da abokan gaba. A birnin Los Anjalis aka kafa ƙungiyar dabar da ake kira Crips a 1969, sannan Bloods ta taso a farkon shekarun 1970 don ta ja da ita. 'Yan Crips shuɗi ne alamarsu, 'yan Bloods ja. Da cinikin hodar iblis ya bunƙasa a shekarun 1980, rigimar iyaka ta koma rigimar kasuwa, bindigogi suka yawaita. Yaro yana iya rasa ransa don launin rigar da ya sa ya bi ta titin da ba nasu ba. A ƙarshen waɗannan shekaru ne salon rap mai ba da labarin daba ya yi ƙarfi a can, ko da yake ita kanta rap ɗin a unguwar Bronx ta birnin Niyok ta samo tushe, inda ake danganta farkonta da wani biki da DJ Kool Herc ya yi kiɗa a watan Agustan 1973.

Batun gambara ba zan daɗe a kansa ba. Wanda ya fara laƙaba wa rap wannan suna yana da kunne. Ɗan gambara magana yake zubawa da sauri a kan kiɗa, da zambo da habaici da batsa, abokinsa na karɓa masa. Sai dai burinsa a yi dariya a ba shi kuɗi. Waƙar da ka kwatanta babu dariya a cikinta. Wani ɓangarenta kirari ne, irin na "ni ne wane, ba na gudu", wani ɓangaren kuma kuka ne. Ka kasa kunne ka ji wanne ya fi yawa: yana ƙidaya waɗanda ya sa suka gudu, ko yana ƙidaya abokan da aka binne? Sau da yawa baiti ɗaya na ɗauke da duka biyun. Kirarin ma ba wasa ba ne, tunda an harbe mawaƙin rap Tupac Shakur a Las Vegas a 1996 yana da shekara 25, bayan wata shida aka harbe wani mawaƙin, Notorious B.I.G., a Los Anjalis yana da 24.

Karin maganar da nake ganin ta fi dacewa ita ce: zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai. Na sha jin ana fassara farin kan da furfura, wai wahala ce ke tsofar da mutum. Kuskure ne. Ƙurar kanwa ake nufi, wadda ke tashi daga kayan ta sauka a kan wanda ke kusa. Dubi yadda aka gina maganar. Akwai maɗauki, mai kayan ke nan, akwai kuma mai zama, wanda ko ɗauka bai yi ba. Ba a ce mai zaman ya koma maɗauki ba. An ce alamar ta hau kansa, kuma wanda ya hango su daga nesa ba zai bambance su ba. Yaron da ya tashi a irin wannan unguwa haka yake. Tafiyarsa da harshensa da tufafinsa duk sun ɗauki ƙura, ɗan sanda na ganinsa ya tsayar da shi, 'yan ɗaya dabar na ganinsa su ɗauke shi abokin gaba, ko da bai taɓa riƙe bindiga ba. Iyaye sun fi amfani da karin don gargaɗi, kuma da gaskiyarsu, amma gargaɗin na aiki ne ga wanda ya zaɓi wurin zamansa. Wanda aka haifa a ɗakin kanwa fa, ina zai matsa?

Kada ka kawo wa Baba "abokin ɓarawo ɓarawo ne". Wannan hukunci ce, ta riga ta rufe shari'a. Ka ce wa Baba waƙar wanda ya tashi a cikin 'yan daba ce, ka ƙara da karin kanwar. In ya sake cewa ka kashe, to ka kashe, wataƙila ashar ɗin ya jiyo.

Wata malama kuma ta tambaya ko za a ce "albasa ba ta yi halin ruwa ba" ga yaron da ya fito daga irin wannan unguwa ya zama mutumin kirki.

A'a, Malama, juya ta kika yi. Ruwa ne mai tsabta a karin, albasa ce mai wari, don haka ɗan mutanen kirki da ya lalace ake yi wa ita. In kika faɗa wa wannan yaro, zaginsa kika yi, kika yabi unguwar. Wadda kike nema ita ce ta baƙar tukunya mai fid da farin tuwo.