Makarantar Sihirin Lokaci: Me Ya Sa Labarina Ya Yi Sanyi?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina rubuta ƙagaggen labari da nake sakawa kashi-kashi a WhatsApp, a kan wata makaranta da ake koyar da sihirin sarrafa lokaci. Na kai kashi na 12 sai masu karatu suka fara ƙorafi wai labarin ya yi sanyi, tunda duk abin da ya sami jarumar komawa baya take yi ta gyara. Yaya zan gina makarantar ta kama hankalin mai karatu? Daga wata marubuciya a Gusau.

Amsa: Wa alaikumus salam, Malama. Masu karatunki sun sa yatsa daidai kan ciwon. Labari yana rayuwa ne da fargabar asara. Idan jaruma tana da ikon goge kowane kuskure, mai karatu ba shi da abin da zai riƙe numfashi a kai. Don haka kafin ki zana wa makarantar soro da zaure, ki zauna ki rubuta abin da sihirin ba ya iya yi, da kuma abin da yake ci wa mai yin sa.

Ki fara da tsohuwar matsalar nan ta kaka. Mutum ya koma baya ya hana kakansa auren kakarsa. To ba a haifi ubansa ba ke nan, shi ma ba a haife shi ba, to wa ya koma ya hana auren? Wasu marubuta suna kauce mata da cewa duk komawa baya tana tsaga duniya biyu. Ni ban cika son wannan hanya ba, domin tana sauƙaƙa wa jaruma gudu: ta bar duniyar da ta ɓata ta koma wata. Wadda nake ba ki shawara ita ce wadda masanin kimiyya ɗan Rasha Igor Novikov ya yi bayani a shekarun 1980: ko da mutum zai iya komawa baya, ba zai iya sauya abin da ya riga ya faru ba, duk abin da ya yi a can yana cikin abin da ya haifar da yau. Bahaushe ba baƙo ba ne ga wannan tunani, shi da ke cewa bakin alƙalami ya bushe. Ki duba irin zafin da ke ciki: ɗaliba ta koma daren da gobara ta ci gidansu don ta ceci ƙanenta, sai ta gano fitilar da ta kunna tana nemansa a duhu ita ce ta tayar da wutar. Irin wannan kashi ba mai cewa ya yi sanyi.

Tafiya gaba kuwa tana da tushe a kimiyya. Albert Einstein ya nuna a 1905 cewa agogon da ake tafiya da shi da matsanancin sauri yana jinkiri, a 1915 kuma ya nuna ƙarfin jan ƙasa ma yana rage wa lokaci gudu. A 1971 masana kimiyya biyu, Hafele da Keating, suka ɗora agogunan atam, masu tsananin daidaiton auna lokaci, a jiragen fasinja suka zagaya duniya, suka dawo suka tarar sun saɓa da na ƙasa. Taurarin ɗan'adam na GPS, waɗanda ke nisan kilomita 20,200 a sama, agogunansu suna wuce namu da kusan kashi 38 cikin miliyan na sakan kowace rana. Da ba a gyarawa, taswirar wayarki za ta riƙa kuskuren kilomita kusan 10 a kullum. Ki ɗauki wannan ki kumbura shi. Ki ce zango ɗaya a cikin makarantar shekara huɗu ne a waje. Nan take kin sami kuɗin makaranta mafi tsada da za a iya biya: ɗaliba ta dawo hutu ta tarar an yi wa ƙanwarta aure, mahaifiyarta ta yi furfura, wanda ya yi alkawarin jiranta har ya aje 'ya'ya biyu. Kowane hutu sai ta zaɓa, ta koma karatu ko ta zauna.

Akwai darasin rubutu a ƙissar Ashabul Kahfi, waɗanda Alƙur'ani ya ce sun zauna a kogo shekara 300 da ƙarin 9. Wannan aya ce ta Allah, kada ki kuskura ki cakuɗa ta da sihiri a labarinki. Abin da nake so ki lura da shi kawai shi ne yadda malaman tafsiri suka kawo cewa tsohon kuɗin azurfan da ɗayansu ya kai kasuwa ne ya sa aka gane su. Ƙaramin abu ne ke nuna mutum ya tsallake zamani. Ɗalibarki ta miƙa wa mai shago takardar kuɗin da aka daina karɓa, ko ta tambayi lafiyar wanda aka yi sadakar bakwai ɗinsa tun bara waccan.

Batun manhaja kuma, a nan yawancin masu irin wannan labari suke kwafo makarantun kwana na Turai da riguna da sanduna, alhali muna da abin ɗauka a gida. Ɗaliban shekarar farko kada su taɓa lokaci sam, su koyi auna shi. Su tsaya a rana suna ƙirga inuwarsu da tafin ƙafa don gane zawali, kamar yadda ladanai ke yi kafin zuwan agogo. Su haddace manazil 28, wato masaukan wata a cikin taurari, da manoma da malaman hisabi ke lissafin damina da su, kowace kwana 13 in ban da Jabha mai 14, jimilla 365. Su san dalilin da shekarar wata mai kwana 354 take gaza ta rana da kusan kwana 11, har azumi ke zagayawa daga bazara zuwa hunturu. Kuma ƙasarmu ta fitar da masana wannan fanni na gaske: Muhammadu al-Katsinawi, wanda ya rubuta littafi kan lissafin hatimi a 1732 ya kuma rasu a Alƙahira a 1741, ya isa ya nuna miki irin zurfin da babban malamin makarantarki zai iya yi. Matakan ɗalibai ma ki ƙirƙiro musu sunaye naki, hawa-hawa, yadda ilimi ke hawa a gargajiyance, kowane mataki da abin da aka haramta wa mai shi.

Kalmar sihiri tana da nauyi a kunnen mai karatunmu, kuma da dalili. Ki bayyana tun farko cewa duniyar ƙagagga ce, ko ki sa malaman makarantar su kira abin nasu ilimin sa'o'i, sihiri ya zama sunan ɓangaren da aka hana, wanda mugun da ke cikin labarin ke nema.

Ba sai kin goge kashi 12 da kika riga kika saki ba. A kashi na 13, ki sa shugabar makarantar ta kira jarumar ta buɗe mata kundin da ake rubuta bashin kowace ɗaliba, ta nuna mata cewa duk komawar da ta yi an cire ta ne daga kwanakin wani da take ƙauna. Ki bar ta ta karanta sunan da idonta.